Rajistar Aro da Mabuɗin Laburare: Yadda Ɗa'ar Aikin Ke Kasancewa a Garin da Kowa Ya San Kowa

A makarantun sakandaren karkarar Kano da Jigawa da suka yi dace da ɗakin karatu, kayan aikin mai kula da shi ba su cika wuce uku ba: mabuɗi, biro, da dogon littafin rajista mai bangon kwali. A rajistar ake rubuta sunan ɗalibi, ajinsa, littafin da ya ara da ranar da zai dawo da shi. Shekara da shekaru ba wanda ya ɗauke ta a bakin komai. Sai ga shi a 2023 an sa hannu a dokoki biyu da suka shafe ta, ita da injin fotokwafin da ke ofishin shugaban makaranta. Ta farko ita ce dokar haƙƙin mallaka, wadda Shugaba Buhari ya rattaba wa hannu a watan Maris. Ta biyu ita ce dokar kare bayanan jama'a, wadda Shugaba Tinubu ya sa wa hannu a watan Yuni.

Tambayoyin da dokokin suka tayar daɗaɗɗu ne a wurin masu wannan sana'a. Uba na da ikon ya zo ya ce a nuna masa abin da 'yarsa ke karantawa? Idan dattawan gari suka ce a cire wani littafi, a cire? Littafi ɗaya ga 'yan aji sittin, laifi ne a buga musu kwafi?

Ɗa'a daban, doka daban

Ɗa'ar aiki ita ce ƙa'idojin da masu sana'a suka amince su ɗaure kansu da su, kamar yadda likita ke riƙe sirrin majinyaci ko da ba ɗan sandan da ke tsaye a kansa. Doka kuwa hukuma ce ke kafa ta, kotu ta hukunta wanda ya karya. Sukan haɗu a wasu wurare, su rabu a wasu. Ma'aikacin da ya kulle laburare ya tafi gona a lokacin aiki zai yi wuya a kai shi kotu, amma ya ci amanar aikinsa.

Kalmar "ma'aikacin laburare" ma tana da ma'ana biyu, kuma ruɗanin daga nan yake farawa. A bakin jama'a, duk wanda ke riƙe da mabuɗi shi ne. A idon doka kuwa, sai wanda ya karanci fannin har ya sami digiri, kuma ya yi rajista da Majalisar Rajistar Ma'aikatan Laburare ta Najeriya, wadda aka fi sani da LRCN, da aka kafa da doka mai lamba 12 ta 1995. Irin waɗannan ƙwararru an fi samun su a manyan makarantu kamar Jami'ar Tarayya ta Dutse, Jami'ar Sule Lamido da ke Kafin Hausa, kwalejojin ilimi na Gumel da Bichi, ko Laburaren Murtala Muhammad da ke birnin Kano. A makarantar ƙauye, galibi malamin Turanci ko na Hausa ake ɗora wa aikin a kan darussansa, ba ƙarin albashi, ba horo.

Inda ƙa'idojin suka samo asali

Ɗakin karatu na gwamnati ya shigo Arewa sosai a zamanin Yaƙin Duniya na Biyu, lokacin da Turawan mulki suka sa En'e-En'e buɗe ɗakunan karatu a manyan garuruwa don jama'a su riƙa samun labarin yaƙi daga jaridu irin su Gaskiya Ta Fi Kwabo, wadda ta fara fita a 1939. A 1952 aka kafa laburaren Jihar Arewa a Kaduna. A 1953 UNESCO ta yi taro a Ibadan kan bunƙasa laburaren jama'a a Afirka. Ƙungiyar Ma'aikatan Laburare ta Najeriya ta kafu a 1962, Jami'ar Ahmadu Bello ta buɗe sashen koyar da fannin a 1968.

Rubutattun ƙa'idojin kuwa daga waje suka faro. Ƙungiyar laburaren Amurka ta fitar da nata tun 1939. Ƙungiyar laburare ta duniya, IFLA, ta amince da kundinta a 2012, mai babi shida: samar wa kowa bayani, haƙƙin mutum da na al'umma, sirri, haƙƙin marubuci, rashin ɗaukar ɓangare, da zamantakewa tsakanin abokan aiki. LRCN ma tana da nata kundin, wanda bai yi nisa da wancan ba.

Sai dai ba daidai ba ne a ɗauka abin duka baƙo ne. Tun kafin En'e, malaman zaure na da ladubbansu na aron littafi: wanda ya ari kundi ya kwafa, ya mayar da shi yadda ya karɓa, littafin waƙafi kuma ba a sayarwa, ba a gadonsa. Hadisin da Abu Dawud da Tirmizi suka ruwaito, cewa wanda aka tambaye shi ilimi ya ɓoye za a sa masa linzamin wuta, sananne ne a kowace makarantar ilimi. Haka aya ta 12 ta Suratul Hujurat da ta hana bin diddigin asirin mutane. Ginshiƙan kundin IFLA guda biyu, bayar da ilimi da rufa asirin mai nema, suna da 'yan uwa a nan gida. Saɓani yana tasowa ne a kan iyakarsu.

Wa ke da ikon buɗe rajista?

Ƙa'idar ƙwararru a nan ba ta da kwana-kwana: abin da mutum ya ara, ko ya tambaya, ko ya nema a kwamfuta, sirri ne tsakaninsa da laburare, ba a fitar da shi zuwa wata buƙata. Dalilinsu shi ne wanda ya san ana leƙen karatunsa zai daina neman abin da ya fi buƙata. Matar da ke fama da yoyon fitsari, magidancin da aka shaida wa yana ɗauke da ciwon hanta, saurayin da ke son sanin hukuncin saki kafin ya furta, manomin da ke duba dokar gado saboda rigimar gona da 'yan uwansa, duk waɗannan idan suka ji labarin zai isa majalisa kafin magariba, ba za su taka ƙofar ba.

A birni, yawan jama'a kan rufa wa mutum asiri ba tare da kowa ya wahala ba. A ƙauye babu wannan. Mai riƙe da rajistar ƙila ƙanen baban yarinyar ne, ko maƙwabcin mijin matar. Rajistar kuma a buɗe take a kan tebur, wanda ya zo sa hannu zai karanta sunayen mutum ashirin da suka riga shi. Ba sai wani ya yi niyyar tona asiri ba, tsarin ne da kansa ke tonawa. Nan ne kundin da aka rubuta domin manyan birane ya fi wahalar aiki, nan kuma aka fi buƙatarsa.

Dokar kare bayanai ta 2023 ta shigo daidai wannan gaɓa. Ta shafi bayanan mutane ko a kwamfuta suke ko a takarda, don haka rajista mai bangon kwali ba ta tsira ba. Ta ce a karɓi bayani domin wata manufa bayyananna, kada a karɓi fiye da buƙata, kada a ajiye shi fiye da lokacin da ake buƙatarsa. Ta ware wasu bayanai a matsayin masu tsananin sirri, ciki har da lafiyar mutum, aƙidarsa ta addini da ra'ayinsa na siyasa. Jerin littattafan da mutum ya ara cikin shekara guda kan iya nuna ukun gaba ɗaya.

Batun yara ne ya raba kan mutane. Iyaye da shugabannin makarantu na cewa tarbiyya a wuyansu take, duniya da lahira, kuma yarinya 'yar shekara 14 ba ta da wani sirri da ya wuce idon mahaifinta. A makarantar kwana ma hujjar ta fi ƙarfi, tunda iyaye sun miƙa amanar 'ya'yansu ne ga makaranta kacokan. Ƙwararru kuma na cewa yarinyar da ke jin nauyin tambayar mahaifiyarta game da jinin al'ada, idan aka toshe mata littafin kimiyya, za ta koma ga wayar ƙawarta, inda ba wanda ya tantance abin da za ta gani. Doka ba ta bai wa ɗayansu nasara gaba ɗaya ba. Ta ce inda ake buƙatar amincewa game da bayanan yaro, daga iyaye ko waliyyi ake nema. Amma ta yi togaciya ga aikin ilimi, lafiya ko jin ƙai da ke ƙarƙashin ƙwararre mai nauyin riƙe sirri. Kundin IFLA ma ya yarda a kare yara, da sharaɗin kada kariyar ta tauye haƙƙin manya.

Abin da ake iya fitarwa daga wannan shi ne masu tambaya ba matsayinsu ɗaya ba. Uban ɗaliba ƙarama yana da hujjar da za a saurara, musamman idan akwai alamar cutarwa, kuma hanyar da ta dace ita ce ta ofishin shugaban makaranta. Miji da ke bin sawun matarsa baliga, ko dagaci da ke son sanin samarin da ke karanta littattafan wata ƙungiya, ko ɗan siyasa, ba su da wannan hujja. Jami'an tsaro kuwa doka ta ba su sassauci wajen binciken laifi, amma ladabin aikin shi ne a nemi takarda a rubuce, a kai maganar ga na sama, kada a miƙa rajista don kawai an ga kaki. A Amurka, a 2005, ma'aikatan laburare huɗu a jihar Konetikat sun ƙi miƙa bayanan masu karatu ga hukumar binciken manyan laifuka ta ƙasar, FBI, suka kai ƙara kotu, a 2006 hukumar ta janye buƙatar. Malamin da ke riƙon ƙwarya a wata makaranta a yankin Gwaram ko Sumaila ba shi da lauyoyin da waɗancan suka samu, shi ya sa mafi sauƙi gare shi ya rage abin da yake ajiyewa: kowane mai aro da katinsa ko shafinsa, rajista a aljihun tebur a kulle, a soke sunan mutum idan littafi ya dawo, a goge tarihin bincike idan akwai kwamfuta. Abin da ba a ajiye ba, ba a iya tilasta wa mutum ya bayar.

Littafin da gari ba ya so

Sashe na 39 na Tsarin Mulkin 1999 ya bai wa kowa 'yancin karɓa da yaɗa bayani. Sashe na 45 ya yarda a taƙaita wannan 'yanci da doka domin tsaro, zaman lafiya, lafiyar jama'a da tarbiyya. Kano na da tarihi a wannan fage: a 2001 aka kafa Hukumar Tace Fina-finai da Ɗab'i, a 2007 kuma, zamanin Gwamna Ibrahim Shekarau, aka ƙona littattafan soyayya da aka karɓe daga hannun ɗalibai mata, a ƙarƙashin shirin A Daidaita Sahu. Masu goyon baya sun ce an kare tarbiyyar yara. Marubuta da dama sun ce an haɗa mai kyau da maras kyau an cinna wa wuta, alhali littattafan nan ne suka koya wa dubban mata karatun boko a cikin ɗakunansu.

Kundin IFLA ya ƙi tacewa ƙarara. Amma babu laburaren da ke sayen kowane littafi, don haka ƙwararru suka bambanta zaɓe da tacewa. Mai zaɓe yana tambayar ko littafin ya dace da shekarun masu karatu, da manhaja, da kuɗin da ke hannu. Mai tacewa yana neman dalilin hana wani ra'ayi shiga. Shugaban makarantar firamare da ya ƙi ajiye littafin manya ya yi zaɓe. Ma'aikacin da ya tura littattafan wata aƙida bayan kabad, ya jera na tasa a gaba, ya yi tacewa, ko da bai ƙona ko shafi ɗaya ba.

Wannan misalin na biyu ya fi kusa da rayuwar karkara fiye da rigimar littattafan soyayya, waɗanda yanzu ma sun koma WhatsApp. Laburaren da ba shi da kasafin sayen littafi da kyauta yake rayuwa, masu kyautar kuma sau da yawa ƙungiyoyin addini ne, ko ɗan takara, ko ƙungiyar agaji ta waje. Garin da ke da 'yan ɗariƙa da 'yan Izala, wani lokaci da 'yan Shi'a ko Kiristoci 'yan ƙasa, kantar littattafansa kan iya zama ta ɓangare ɗaya ba tare da kowa ya shirya hakan ba. Ƙa'ida ta ce ma'aikaci ya raba ra'ayinsa da aikinsa. Masu suka na cewa wannan tsaka-tsakin ba ya yiwuwa ga mumini, ba zai miƙa wa yaro abin da ya yi imani ɓata ne ba. Ana ba su amsa da cewa ɗakin na gwamnati ne, da harajin kowa aka gina shi, kuma mabuɗin da ke hannunka yau gobe yana hannun wanda ke ganin kai ne ɓataccen.

Maganin da ƙwararru suka fi bayarwa shi ne rubutacciyar manufa: takarda, ko da shafi biyu ce, da kwamitin makaranta da iyaye suka amince da ita tun kafin rigima, mai faɗin irin littafin da ake karɓa, da yadda mai ƙorafi zai shigar da kuka, da wanda zai karanta littafin kafin a yanke hukunci. Takardar ba ta kawar da saɓani, amma tana cire ma'aikaci daga tsaka mai wuya idan wani mai faɗa a ji ya aiko a cire littafin da shi kansa bai buɗe ba.

Fotokwafi

A ƙarƙashin sabuwar dokar haƙƙin mallaka, littafi na nan a kare har shekara 70 bayan rasuwar marubucinsa. Ta bar ƙofa ga amfani na adalci, kamar karatun mutum shi kaɗai da binciken da ba na kasuwanci ba. Ta ba laburare damar yin kwafi domin adanawa ko maye gurbin wanda ya lalace, ba don riba ba. Ta kuma yarda a mayar da littafi zuwa rubutun makafi ko murya domin masu lalurar gani ba tare da jiran izini ba, bisa yarjejeniyar Marrakesh da Najeriya ta amince da ita a 2017.

Ɗalibin da ya ɗauki hoton shafi biyar don jarrabawa ba shi ne abin damuwa ba. Buga littafi sukutum kwafi sittin a sayar wa 'yan aji, ko zuba shi a zauren WhatsApp, ya fita daga sassaucin. Hujjar malamai ita ce talauci, kuma gaskiya ce. Hujjar marubuta ita ma gaskiya ce: marubucin Hausa da kuɗin aljihunsa yake buga littafi, kasuwarsa kuma waɗannan makarantun ne.

Sababbin littattafai a sito

Akwai cin amanar da ba ta yi kama da laifi ba. Littattafai su iso daga hukuma, a ƙirga, a sa hannu, a kulle a sito cikin kwalayensu. Mai mabuɗin ya san idan masu bincike suka zo aka rasa guda biyar, daga albashinsa za a cire, amma ba wanda zai tuhume shi don yara ba su karanta ba. Sai gara da yoyon damina su gama da su. Ladabin aikin ya fifita littafin da ya tsufa a hannun yara a kan wanda ya ruɓe sabo, sai dai gyaran nan ya fi ƙarfin ma'aikaci shi kaɗai. Sai ma'aikatar ilimi ta amince a rubuce cewa ɓacewar wasu littattafai a shekara ɓangare ne na aiki.

Kundin IFLA ya ambaci cin hanci da sunansa, wajen sayen littattafai, ɗaukar ma'aikata da kwangila. Ɗan kwangilar da ya kawo tsofaffin littattafan da manhaja ta wuce, aka karɓa aka sa hannu, bai yi shi kaɗai ba.

Sai batun kundayen ajami da na Larabci da ke gidajen malamai. Idan mai bincike ya zo daga jami'a, sau da yawa malamin makaranta ne ke yi masa jagora. Kundin na iyali ne, kuma a cikinsa akwai wasiyya, bashi, salsala da laƙani. Ɗa'a ta wajabta a faɗa wa masu shi inda hotunan za su, wa zai gan su, ko za a ɗora a intanet, a bar musu kwafi, kuma su ware shafukan da ba su yarda a ɗauka ba.

Wa ke hukunta wa, me kuma zai canza

LRCN na iya ladabtar da wanda ya yi rajista da ita, har ta soke sunansa. Malamin Hausa da aka danƙa wa mabuɗi ba ya cikin rajistarta, sai dokokin aikin gwamnati da shugaban makarantarsa. Dokokin 2023 kuwa ba su tambayi takardar shaida ba, sun hau kan makarantar ko hukumar da ke riƙe da bayanan ko ta buga kwafin. Ke nan wanda bai taɓa ganin kundin ɗa'a ba yana aiki a ƙarƙashin dokar da ta ɗauka ya san shi. Kano na da ƙananan hukumomi 44, Jigawa na da 27, kuma ba a sa ran Hukumar Kare Bayanai ta Ƙasa ta riƙa bin makarantu tana duba rajista. Ƙorafi ne zai kai magana gabanta, ƙorafin kuma sai wanda ya san yana da haƙƙi.

Ga mai karatu baligi, yanzu yana da madogara idan aka yaɗa abin da ya ara. Iyaye ba su rasa bakin magana ba, amma hanyarsu ta zama ta ofis. Marubuci ya sami dokar da ta kai har intanet, mai lalurar gani ya sami damar da ba a cika sani ba. Nauyi mafi girma ya faɗa kan mai mabuɗi, wanda zai ce wa surukinsa ko limaminsa a yi haƙuri, sannan su haɗu a sahu ɗaya da la'asar. Sassan koyar da fannin a Jami'ar Bayero da sauran manyan makarantun jihohin biyu, tare da hukumomin laburare na jiha, su ne ke da ƙwararrun da za su iya ba irin wannan malami horon kwana biyu da takarda ɗaya cikin Hausa mai hatimin ma'aikata, wadda zai manna a jikin ƙofa ya nuna wa mai tambaya.